Aiken Gwaggo Zuwa Kumasi

Baffana ya rasu a Kumasi, kuma kafin a yi sadakar arba'in gidanmu na Kano da gidansa na can sun daina gaisawa. Ba wanda ya zagi wani, ba wanda ya yi ƙarya. Saƙonnin murya ne kawai aka yi ta aikawa ta WhatsApp, dukkansu da Hausa, kowane ɓangare na rantsuwa cewa ya ji abin da aka faɗa da kunnensa.

Kakanmu ɗan goro ne. Ya bar Kano yana saurayi, ya zauna a Kumasi, ya gina gida a unguwar Aboabo, a can aka haifi Baffa da mahaifina da Gwaggo. A watan Nuwamba na 1969 gwamnatin Kofi Busia ta ba duk baƙon da ba shi da takardar zama mako biyu ya bar Gana. Kaka ya tattara iyalinsa ya dawo Kano da abin da mota za ta iya ɗauka. Baffa ya ƙi tahowa, domin yana da mata 'yar Asante wadda ta musulunta, ga jariri a hannu. Gida ya zauna a hannunsa. Kaka ya rasu, mahaifina ya bi shi, ba a taɓa raba gadon gidan nan ba, don a wurinmu tayar wa babban wa da irin wannan magana abin kunya ne.

Ana cikin zaman makoki babban ɗan Baffa, wanda nake kira Yaya, ya aiko da saƙo. Bayan ya yi gaisuwa sai ya ce a faɗa wa Gwaggo "in yana son rabonshi a gidan ya faɗi," su san yadda za su yi, domin sun kashe miliyan ɗari huɗu wajen gyara. Gwaggo na zaune a tabarma cikin mata aka kunna mata. Abin da ta ji shi ne ɗan yayanta ya kira ta kamar namiji, ya kawo zancen kuɗi ƙasar kabari ba ta bushe ba, sannan ya ɗora mata bashi. Ta sa aka danna mata waya ta ce, "Haba, wane rabo? Ai gida naku ne. Allah dai ya ji ƙan yayana." Duk wanda ya tashi a Kano ya san wannan ba amsa ba ce. Nufinta a bari ƙura ta lafa, a turo babban mutum, a sake tambaya, ta sake ƙi, a matsa mata, sannan ta faɗi abin da ke ranta. A Kumasi kuwa sai aka yi hamdala, aka sanar da limamin unguwa cewa Gwaggo ta yafe. Da 'yan'uwana suka tayar da zancen daga baya, mutanen Kumasi suka ce Kanawa baki biyu gare su, mutanen Kano suka ce 'ya'yan Baffa ba su samu tarbiyya ba. Sai da aka yi watanni a haka Gwaggo ta kira ni ta ce zumunci a ƙafa yake, in shirya in je.

Ta Legas na bi. Na tsallaka Seme, na ratsa Kwatano da Lome, na shiga Gana ta Aflao. Ƙasa huɗu a tafiyar da ba ta kai nisan Kano zuwa Legas ba. A kan teburin jami'ai harshe na sauyawa daga Turanci zuwa Faransanci ya sake komawa Turanci, amma a bakin kowace iyaka 'yan canji da masu tsire da masu shayi da Hausa suke kiran mutum. Wannan na sanyaya ran Bakano, kuma yana sa masa wani tabbaci da ya fi ƙarfin gaskiya, ya ɗauka duk inda aka ce masa sannu da zuwa to an san abin da yake nufi in ya ce babu komai. A Akra, wadda tsofaffinmu ke kira Ankara, na mayar da agogona baya da awa ɗaya, na hau babbar mota a tashar Circle. Kusan kilomita 250 ne zuwa Kumasi, ta Nsawam da Suhum da Nkawkaw da Konongo, hanya cikin kurmi da gonakin koko da ayaba, duwatsun Kwahu na leƙo ka ta hannun dama.

Da asuba a Aboabo ƙamshin ƙosai ne ya tashe ni kafin ladan ya gama. A bakin layi wata mata na zuba koko mai citta da kanumfari daga babbar tukunyar da aka naɗe da leda don kada ya huce, kusa da ita wata na buɗe shinkafa da wake da aka dafa da karan dafi har ta yi ja, ana zuba mata taliya da garin rogo da baƙin yaji. Mai kokon Badagomba ce. Mai shayin Bazabarme ne. Wanda ya ja mu sallah iyayensa daga ƙasar Mosi suka zo. Akwai Kotokoli, da Gwanjawa, da Wangarawa, da Busanga, da Fulani, da Yarbawa. Kaɗan ne a cikinsu za su iya nuna maka garin kakansu a ƙasar Hausa, amma da Hausa suke ciniki, da ita suke faɗa, da ita ake musu wa'azi, da ita suke neman aure.

Hausar ta bambanta da tamu, kuma kunne na kama bambancin tun a gaisuwar farko. Abin da muke ce wa kyau su cau suke cewa, gyara kuma jara. Da yawansu ba sa rarrabe ƙ da k, ko ɗ da d. Ba sa raba namiji da mace a magana, uwa ma "ya tafi kasuwa" ne. Suna tsoma kalmomin Tuwi, harshen Asante, kamar yadda muke tsoma na Turanci ba mu ma lura ba. Yaya bai raina Gwaggo ba da ya ce "yana so". Haka yake faɗa game da mahaifiyarsa, haka mahaifiyarsa ke faɗa game da tata uwar. Ko a Zariya da Bauchi za ka ji ana cewa rigan da motan, ba wanda ya taɓa cewa ba Hausawa ba ne.

Abin da ya fi tsaya mini a rai a kwanakin farko 'yar Yaya ce, budurwa mai karatun aikin jinya. Ita ke kawo mini abinci, ta durƙusa ta gaishe ni, amma da Turanci. In na yi mata Hausa ta amsa da Turanci. Ina jin ta a tsakar gida tana zuba Hausa da ƙannenta kamar ruwa, da na leƙo sai ta sauya. Mahaifiyarta ce ta gaya mini dalili a ƙofar kicin, murya ƙasa ƙasa. Lokacin rasuwar, yarinyar ta aika wa 'yan'uwanta na Kano saƙon ta'aziyya, tana kuka tana magana. Sai yaran suka yi ta tura muryarta a tsakaninsu suna kwaikwayo, har wani ya yi kuskure ya jefa cikin zauren dangi, da fuskokin dariya a ƙarƙashi. Tun daga ranar ta ce ba Bakanon da zai sake jin Hausarta.

Wannan ya ƙona mini rai, har yanzu bai daina ba. Yarinyar nan tana jin Hausa da Tuwi da Turanci, tana ɗan taɓa Dagbanci, ta sauke Alƙur'ani. Ba makarantar bokon da ta taɓa koya mata Hausa, domin harsuna 11 ne gwamnatin Gana ke ɗaukar nauyinsu, irin su Tuwi da Fante da Ewe da Ga da Dagbanci, babu Hausa a ciki, duk da cewa rediyon gwamnati ya daɗe yana karanta labarai da ita. Ba littafi, ba malami, ba jarrabawa. Daga bakin uwa zuwa bakin ɗiya mutanen zango, wato unguwannin baƙi irin Aboabo, suka riƙe harshen nan fiye da shekara ɗari, a tsakiyar ƙasar wasu, ƙasashe biyu a tsakaninsu da Najeriya. Mu da aka haifa a inda ko ba ka so Hausa za ta shige ka, ba mu da bakin yi musu dariya. Kuma yaran da suka yi dariyar ba su ji cewa 'yar'uwarsu kuka take yi ba, lafazi kawai suka saurara.

Batun miliyan ɗari huɗu a kasuwar Kejetia ya warware. Na taya wani yadi, mai shi ta ce miliyan ɗaya da rabi, Yaya ya zaro sidi 150 ya miƙa mata. A 2007 Gana ta sauya kuɗinta, ta yanke sifili huɗu, sidi 10,000 na da ya koma sidi ɗaya. Takardar kuɗi ta sauya, bakin mutane bai sauya ba, musamman manya da 'yan kasuwa. Abin da Yaya ya kashe sidi 40,000 ne na yanzu. A Kano an yi ta buga lissafin miliyan ɗari huɗu da farashin canji ana salati.

Wani tsoho da ke zama a rumfar 'yan goro, yana sa ido ana yayyafa wa huhu ruwa, ya san Kaka. Shi ya riƙa ba ni labarin da na taso ina jin guntayensa. Goron da ake kira ɗan Gwanja ba a Gwanja yake fitowa ba, a kurmin Asante yake, a kai shi kasuwar Salaga, fataken Kano su zo da jakuna ɗauke da kanwa da fata da tufafi, su yi watanni a hanya, su koma da goro. A 1874 Turawan Ingila suka ƙone Kumasi, kuma a cikin rundunonin da suka zo yaƙin akwai sojojin Hausa da Kyaftin Glover ya ɗebo. A 1892 yaƙin basasa ya tarwatsa Salaga, 'yan kasuwa suka watsu zuwa Kete-Krachi da Kintampo da sauran garuruwa, daga baya da yawa suka gangaro Kumasi. Alhassan Dantata ma a cinikin goron wannan ƙasa ya fara kafuwa, yana aika shi ta jirgin ruwa zuwa Legas. Tsohon ya ce shi ya sa Tonawa, kamar yadda kakanninmu ke kiran mutanen Asante, suka san Hausa da fuska biyu. Akwai ta attajiri da malami mai rubuta laya, akwai ta soja da ɗan sandan Bature. Kakan wani ya ji ta ranar ciniki, kakan wani ya ji ta ranar kamu. Wanda ya shigo yau yana magana bai san wacce ke tashi a kunnen mai sauraronsa ba.

Matar Baffa, wadda kowa ke kira Mma, ta karɓe ni tun ranar da na sauka, da Hausa, ta tambayi mutanen gida ɗaya bayan ɗaya. Amma da na nemi mu zauna kan abin da ya kawo ni, sai Yaya ya ce a jira kawunsa ya zo daga ƙauye. Na ce me ya haɗa kawu da gadon gidan uba? A nan na gane cewa ko kalmar dangi ba abu ɗaya muke nufi da ita ba. A al'adar Asante ɗa na dangin uwa ne, kuma a da ɗan 'yar'uwa ke gadon kawunsa. Mu muna ganin Yaya Bakano ne da aka haifa a waje. Dangin Mma na ganin ɗansu ne da ubansa baƙo ne. Shi kuwa duka biyun yake amsawa, kuma ba zai yanke babbar magana ba tare da kawu na zaune ba.

Jiran nan ya faɗo a kan Lahadin Akwasidae, bikin da ake yi duk bayan kwana 42 a fadar Manhyia, sai Yaya ya kai ni kallon zaman da ake yi a fili. Tsohon ginin fadar an yi shi ne a 1925 domin Prempeh na ɗaya, wanda Turawa suka kama a 1896 suka kai shi har tsibirin Seychelles, bai dawo ba sai 1924. Yanzu gidan tarihi ne. Sarkin Asante, Otumfuo Osei Tutu na biyu, wanda ya hau karaga a 1999, ya fito ƙarƙashin manyan laimomi, zinare a hannu da ƙafa, ganguna na magana da karin harshen Tuwi kamar yadda kalangu ke yi da namu. Amma ni idona na kan masu sanduna. Okyeame ake ce musu, su ne bakin sarki. Kowanne na riƙe da sanda mai ruwan zinare, a kanta an sassaƙa wata sura mai ɗauke da karin magana, na ga wadda hannu ne riƙe da ƙwai. Ba wanda ke yi wa sarki magana kai tsaye, ko da yana gabansa, ko da harshensu ɗaya. Mai sanda kake gaya wa, shi ya maimaita, ya gyara, ya sa mata ado. In sarki ya yi magana a hankali, mai sanda ne zai ɗaga ta kowa ya ji. Ban ga baƙon abu ba, don a fadar Kano ma in ka faɗi gaisuwa dogarai ne za su amsa maka cewa sarki ya gaishe ka. Masarautu biyu da ba su haɗa harshe ko addini ba duk sun gano cewa maganar da ke da nauyi ba a barin ta ta faɗa kan mutum tsirara. Musulmi ma sun daɗe a wannan fada. Baturen nan Bowdich da ya zo a 1817 ya tarar da su a Kumasi, kuma rigar yaƙin sarki cike take da layu.

Da kawun ya iso aka jera kujeru a tsakar gida. Aka sa na fita na sake shigowa kamar yanzu na sauka. Na bi mutane da musabaha daga dama zuwa hagu, aka zaunar da ni, aka ba ni ruwa. Sannan su ma suka taso suka bi ni da gaisuwa. Sai wani dattijo da kawun ya zo da shi ya miƙe ya ce an san abin da ke tafe da ni, amma ana tambaya. A Kano in ka tambayi baƙo abin da ya kawo shi ka kore shi ke nan. A nan girmamawa ce, sunanta amanne. Ba a amsa maganar da ba a faɗe ta a gaban shaidu ba, kuma in ka faɗa sai a maimaita da ƙarfi, a tambaye ka ko haka ka ce. Na faɗi aikena, aka juya shi zuwa Tuwi, aka dawo mini da shi da Hausa, na ce haka ne. Na yi ta tunanin watannin da muka kwashe muna jifan juna da saƙon murya, kowa na saurara shi kaɗai a ɗakinsa, ba fuska, ba mai cewa tsaya, me kake nufi.

Da aka zo kan Mma sai ta yi magana da Tuwi. Matar da ta haura shekara hamsin a zango, wadda da safen nan ta tambaye ni da Hausa ko na sha koko. Wani malami maƙwabcinsu ne ya yi tafinta. Ta yi magana mai tsawo, muryarta na rawa, hannunta na nuna arewa. Malam ya juyo ya ce, "Mma na cewa ta gode da zuwanka, kuma a zaman tare ba a rasa ɗan saɓani, amma komai ya wuce." Ta ɗaga hannu ta tsayar da shi, ta ce da Hausa, "Malam, ba haka na ce ba. Faɗa mishi yadda na faɗa."

Malam ya sunkuyar da kai ya faɗa. Sau ɗaya Mma ta taɓa zuwa Kano, a farkon 1983, zaman makokin Kaka. Ya zo daidai da lokacin da gwamnatin Shagari ta ba baƙi marasa takarda wa'adi su fita, 'yan Gana kusan miliyan ɗaya suka kama hanya da jakunkunan nan da har yau ake kira da sunan ƙasarsu. Tana tsugune a madafa tana tsinke zogale tare da matan gida, kanta a ƙasa saboda surukuta, ba ta cewa komai. Sai suka ɗauka ba ta ji. Wata ta ce 'yar Tonawan nan ko alwala ta iya kuwa? Wata ta ce ai ana korar 'yan'uwanta, a nemo mata jaka ita ma. Wata ta ce da asiri ta riƙe shi, shi ya sa ya bar ubansa ya taho shi kaɗai. Aka yi dariya. Ta ji kowace kalma. Ta gama tsinke zogalenta, ta wanke hannu, ba ta gaya wa mijinta ba sai da suka tsallaka iyaka. Ta ce Gwaggo na wurin. Ba ta sa baki ba, amma ba ta hana ba.

Sai ta ƙara da abin da ya sa ta zaɓi Tuwi. Ta ce da Hausa ta yi ciniki, da ita ta yi renon 'ya'yanta, da ita ta yi jinyar mijinta. Amma in ta yi ta a gaban mutumin Kano, yadda ta faɗa yake saurare, ba abin da ta faɗa ba. Yau tana so a ji abin da ta faɗa.

Ban ga laifin malamin ba. Abin da aka koya mana ke nan, ɗan aike ya gyara magana, mai sulhu ya ɓoye mummuna ya bayyana kyakkyawa, kuma sau da yawa da haka ake kashe wuta. A zaune a wurin na fahimci cewa aikin da Baffa ya yi ke nan duk tsawon rayuwarsa. In ya zo Kano sai ya ce mai ɗakina na gaishe ku, ta so zuwa, jiki ne ya hana. In ya koma Kumasi ya ce mutanen gida na ta tambayarki, ga turare sun ba da a kawo miki, alhali shi ya saya a kasuwar Kurmi. Ya san Hausar kawaici, ya san Hausar zango mai faɗin abu yadda yake, ya san Tuwi. Duk maganar da ta taso daga wani ɓangare sai ta bi ta bakinsa, ya cire mata ƙaya kafin ya miƙa. Muna ta yabon zumuncin gidajen nan biyu, ashe mutum ɗaya ne ke ɗauke da shi. Allah ya saka masa, domin ya ba mu shekara arba'in na zaman lafiya. Amma a shekarun nan ba wanda ya nemi gafarar Mma, don ba wanda ya san an yi mata laifi, kuma 'ya'yansa sun girma ba su san cewa "ai naku ne" a bakin tsohuwar Kano buɗe ciniki ba ne. Ranar da ya rasu aka wayi gari ba tafinta, sai waya.

Yaya ya shiga ɗaki ya fito da wani akwatin ƙarfe. Rasit ne na kuɗin ƙasa da Baffa ya yi ta biya shekara da shekaru, da takardun gini, wasu sun yi ja don tsufa. Ya yi mini bayani ba tare da ɗaga murya ba. Ƙasar Kumasi ta masarauta ce, haya ake riƙe ta. Tsarin mulkin Gana na 1992 bai yarda wanda ba ɗan ƙasa ba ya riƙe hayar ƙasa fiye da shekara 50 ba. Akwai kuma dokar gado ta 1985, wadda aka yi musamman don kare mata da 'ya'ya daga dangin mamaci, ta ba su gidan da ya bari. Ya ce da kotu yake so da bai aika saƙo Kano ba. Ya aika ne don tsoron Allah, don ya san akwai haƙƙin wasu a ginin Kaka, kuma ya yi gaggawa ne don kada a kwana da haƙƙi a kan mamaci. Gaggawar da Kano ta kira rashin kunya ke nan.

Na jira bayan isha'i, lokacin da na san ba kowa a ɗakin Gwaggo, na kira ta ta bidiyo don ta ga fuskata. Na faɗa mata abin da Mma ta ce, ban rage ba. Ta yi shiru har na ɗauka layi ne ya yanke. Sannan ta ce tana tune da ranar, har ta faɗi wadda ta fara maganar, ta daɗe da rasuwa. Ta ce a lokacin ita ƙaramar kowa ce a madafar, waɗanda ke maganar sa'o'in uwarta ne, da wane baki za ta tsawata musu? Ta tashi ta bar wurin ne don kunya, ta ɗauka matar yayanta ta gane. Na ce, "Gwaggo, ba ta gane ba. Kuma mutanen nan ba sa jin kawaici. Ki gafarce ni, zan tambaye ki a fili. Kin yafe rabonki ko ba ki yafe ba?" Ta ce wannan irin tambaya ko a gaban alƙali sai haka. Sannan ta amsa. Ba ta son ko sisi. Amma ɗakin da ke kusa da rijiya, inda uwarta ta haife ta, kada a sayar, kada a sa ɗan haya, a bar shi duk wanda ya zo daga Kano ya sauka a ciki. Ta ce in kai wa Mma wayar. Na kai, na fito na ba su wuri. Daga zaure ina jiyo su sama sama, da Hausa suke yi, kowacce da irin tata, sun daɗe.

Rabon mahaifina bai zo da sauƙi haka ba. 'Yan'uwana na son a kimanta ginin Kaka a fitar musu da haƙƙinsu da kuɗi, kuma shari'a ta ba su wannan. Yaya ya yarda, da sharaɗin a cire abin da Baffa ya kashe, tun daga kwanon rufi har benen da ya ɗora a baya. Aka tsayar cewa limamin unguwa da wani malami a Kano za su yi lissafin tare.

Kawun ya ce a rubuta. Nan ma aka ɗan yi jim, domin takardar da hukuma za ta karɓa sai ta Turanci, harshen da Mma ba ta karantawa, Gwaggo ma haka. 'Yar Yaya ta ɗauko kwamfutarta ta buga. Dattijon da kawun ya zo da shi ya juya ta zuwa Tuwi layi bayan layi. Da aka zo juyawa zuwa Hausa malam ya ce idonsa ba ya ganin ƙananan rubutu, sai yarinyar ta karɓa ta yi da bakinta, a gabana, da Hausarta, na ɗauki muryar na aika wa Gwaggo ita kaɗai. Mma ta dangwala yatsa, kawun ya sa hannu a matsayin shaida, na sa a madadin Gwaggo. Batun kuɗin gyara aka bar shi sai an samu mai kimanta gidan, kuma har na baro Kumasi ba a daidaita kan wanda zai biya mai kimantawar ba.